Nijar Bayan Mulkin Mallaka: Wahalar Gina Ƙasa Ɗaya Bisa Yardar Jama'a

Ranar 3 ga watan Agusta 1960, Diori Hamani ya yi shelar ƴancin kan Jamhuriyar Nijar a birnin Yamai. Ƙasar da shugabannin wannan zamani suka karɓa daga hannun Turawan Faransa tana da faɗin murabba'in kilomita 1,267,000, kashi biyu cikin uku hamada ne, mutanenta kuwa ba su wuce kimanin miliyan 3 ba. Tana da tuta, tana da majalisa, tana da iyakoki a kan taswira, amma babu titin kwalta da ya haɗa Yamai da Damagaram, babu layin dogo ko ɗaya, babu jami'a, kuma yaran da ke zuwa lakwal ba su kai 5 cikin 100 ba. Aiki biyu ke jiran shugabannin a lokaci guda: su sa manomin Magariya da masuncin Ayoru da makiyayin Azawak su ji cewa ƙasa ɗaya ta haɗa su, sa'an nan su girka mulkin da waɗannan mutane za su iya zaɓa, su kuma iya canzawa in sun ga dama. Tarihin Nijar tun daga lokacin yana nuna yadda aka yi ta ɗaukar aikin farko a matsayin hujjar ɗage na biyu, da abin da wannan ɗagewa ta jawo ma ƙasa.

Gadon da Bature ya bari

Iyakokin Nijar ba mutanenta suka shata su ba. Faransa da Ingila ne suka yi ta ja-in-ja a kan takarda, tun daga yarjejeniyar 1890 wadda ta ja layi daga Say zuwa Barwa a gefen tafkin Cadi, har zuwa gyare-gyaren 1898 da 1904 da 1906. Abin da ya dami Faransa a wannan ciniki shi ne ta samu hanya mai rijiyoyi wadda ayarin sojinta zai bi daga kogin Isa zuwa Cadi. Ta haka aka raba Maraɗi da Katsina, aka raba Tsibiri da Sabon Birnin Gobir, aka yanke Damagaram daga kasuwar Kano wadda fatakenta suka daɗe suna ci. A arewa ma haka aka yi: Abzinawan da ke yawo tsakanin Ayar da Ahaggar da Adrar suka wayi gari a ƙarƙashin hukumomi dabam-dabam.

Cin ƙasar kuwa da jini aka yi shi. Ayarin Voulet da Chanoine ya bar toka da gawawwaki a Birnin Ƙonni da Lugu a 1899, aka ci Damagaram a watan Yuli na wannan shekara, aka tuɓe Sarki Amadu Ɗan Basa a 1906 bisa zargin shirya tawaye, aka kuma murƙushe yaƙin Kawsan a Agadas a 1917. Sai a 1922 aka mai da yankin soja ya zama ƙasar mallaka mai gwamna farar hula, a 1926 kuma aka ɗauke babban birni daga Damagaram aka kai shi Yamai. Dalilin da aka bayar shi ne ƙarancin ruwa a Damagaram, amma masu binciken tarihi sun ƙara da wani: Faransawa ba su taɓa sakin jiki da gabashin ƙasar ba, domin kunnen mutanensa yana Kano da Sakkwato, wato ƙasar Ingilishi.

Wannan ƙaura ta bar tabo mai daɗewa. Ofisoshi da makarantu da barikin soja suka fi taruwa a yamma, kusa da fadar gwamna, saboda haka akawuna da tafintoci da mushen lakwal da ƙananan hafsoshi na farko suka fi fitowa daga can. Dukiyar da ke cika baitulmali kuwa daga tsakiya da gabas take fitowa, wato gujiyar Maraɗi da Tasawa da Matamai da Magariya, da dabbobin makiyaya, da lanhon da ake karɓa a kan kowane baligi. Ba wata ƙabila ta ƙulla wannan rabo ba, tsarin mulkin mallaka ne ya haife shi, amma ƴaƴan ƙasa ne suka gaje shi tare da zargin juna da ke tattare da shi. Ban da wannan, hukumar da talaka ya sani ita ce ta kumandan da ɗan sandansa, mai karɓar lanho, mai ɗibar mutane aikin tilas, mai ɗaure mutum ba tare da shari'a ba. Sai a 1946 aka soke aikin tilas da dokar hukunta ƴan ƙasa ba shari'a. Ke nan shekara 14 kacal ke tsakanin ƙarshen bulala da ranar ƴancin kai.

Giwa da raƙumi

A watan Mayu 1946 aka kafa jam'iyyar farko, PPN, wadda ta shiga babbar ƙungiyar RDA ta ƙasashen Afirka da ke hannun Faransa, mai alamar giwa. Ƴan boko ne suka kafa ta, a cikinsu akwai malaman makaranta biyu ƴan gari ɗaya, Sudure, kusa da Yamai, ƴan uwan juna kuma, dukansu sun yi karatu a makarantar William Ponty ta Senegal: Diori Hamani, wanda aka haifa a 1916, da Jibo Bakari, wanda aka haifa a 1922. Da RDA ta raba gari da jam'iyyar kwaminis ta Faransa a 1950 ta koma sulhu da hukumar mallaka, sai Diori ya bi layin uwar jam'iyya, Jibo ya ƙi. Ya koma aikin ƙungiyoyin ƙwadago, ya kafa jam'iyyar UDN a 1954, bayan shekara biyu ta haɗe da BNA, aka samu ƙungiyar da jama'a suka sani da sunan Sawaba, mai alamar raƙumi.

Akwai abin lura a nan ga duk mai son fassara siyasar Nijar da ƙabila kaɗai. Jibo Bakari Bazabarme ne, amma sunan jam'iyyarsa kalmar Hausa ce, ƙarfinta kuma yana Damagaram da Tasawa da Maraɗi da unguwannin talakawa na Yamai. Magoya bayanta direbobi ne da ƴan kamasho da tela da mahauta da ƙananan ƴan kasuwa da ma'aikatan kamfanoni da malaman zaure, mutanen da suka bar ƙauye suka ga duniya, suka gaji da kumandan da sarkin da ke yi masa aiki. Abin da ya raba giwa da raƙumi tun farko shi ne matsayi a cikin al'umma da ra'ayi game da Faransa.

Jibo ya zama magajin garin Yamai na farko da aka zaɓa a 1956. A zaɓen watan Maris 1957, wanda aka yi bisa dokar Defferre da ta ba ƙasashen mallaka ƙwarya-ƙwaryar mulkin kai, Sawaba da abokan ƙawancenta suka samu kujeru 41 cikin 60, PPN ta samu 19. Jibo ya kafa gwamnatin ƴan ƙasa ta farko a tarihin Nijar. Sai dai rinjayen nasa yana da rauni a ciki, domin wani kaso nasa ya dogara ga sarakuna da ƴaƴan sarauta da suka shigo ta ƙofar BNA, alhali magoya bayansa na asali adawa da sarauta ce ta tara su. Da gwamnatinsa ta fara tuɓe wasu sarakuna, sai waɗanda suka saura suka fara neman mafita.

Zaɓen 28 ga Satumba 1958

Da Janar de Gaulle ya dawo mulki a 1958, ya ba ƙasashen mallaka zaɓi biyu: su ce I su zauna cikin tarayya da Faransa, ko su ce A'a su samu ƴanci nan take, Faransa ta janye hannunta da kuɗinta. A duk Afirka ta Yamma shugabannin gwamnati biyu ne suka kira jama'arsu su ce A'a, Seku Ture a Gine da Jibo Bakari a Nijar. Faransa ta iya haƙura da Gine, amma Nijar wata magana ce. Tana iyaka da Aljeriya inda ake yaƙin neman ƴanci tun 1954, an ga alamun yuraniyom a Azelik a 1957, Faransa na shirin gwajin makamin nukiliyarta a Sahara, kuma tana tsoron kada Nijar mai ƴanci ta karkata wajen Najeriya.

A ƙarshen watan Agusta aka turo sabon gwamna, Don Jean Colombani. Cikin makonni kaɗan ya karɓe ragamar hukuma daga hannun zaɓaɓɓiyar gwamnati, aka baza soja cikin karkara, aka jawo sarakuna aka ɗora su a kan yaƙin neman I, aka takura ma tarurrukan Sawaba. Sakamakon da aka bayyana ya ba I kashi 78 cikin 100, A'a ta samu kashi 22. Amma adadin da ya fi faɗin gaskiya shi ne na waɗanda suka fito: kimanin kashi 37 cikin 100 na masu rajista. Kusan mutum biyu cikin uku sun zauna gida. A watan Oktoba Jibo ya sauka, aka rushe majalisa, aka sake zaɓe ranar 14 ga Disamba, ƙawancen PPN da sarakuna ya kwashe rinjaye, ranar 18 ga Disamba 1958 kuma aka yi shelar Jamhuriya, Diori Hamani ya zama shugaban gwamnati, Bubu Hama shugaban majalisa, Jambala Yansambu Maiga ministan cikin gida. A watan Oktoba 1959 aka haramta Sawaba, shugabanta yana gudun hijira.

Ma'anar wannan ita ce Nijar ta shiga ƴancin kai da jam'iyya ɗaya, bayan an kori wadda ta ci zaɓen 1957 da taimakon hukumar mallaka. Darasin farko da ƴan siyasar ƙasar suka koya game da akwatin zaɓe shi ne cewa wanda ke riƙe da kumandan da sarki shi ke riƙe da sakamako. Wanda ya faɗi ya koyi cewa babu wurin zama ga ɗan adawa sai kurkuku ko ƙasar waje, wanda ya ci kuma ya zauna da tsoron kada a yi masa abin da ya yi ma wani. Bahaushe ya ce icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma a wannan shekara aka tanƙwara siyasar Nijar.

Jamhuriya ta farko: haɗin kai ba tare da gardama ba

Hujjar mulkin jam'iyya ɗaya sananniya ce a Afirka ta shekarun 1960: ƙasa jaririya ce, ƙabilu da yawa ne, ƴan boko kaɗan ne, in aka bari jam'iyyu suka yi yawa kowa zai koma ga yankinsa. Hujjar ba ta rasa ƙamshin gaskiya ba, domin yaƙin Kwango da yaƙin basasar Najeriya na 1967 zuwa 1970 suna gaban idon kowa. Gwamnatin Diori ta kuma yi ayyukan da suka taimaka wajen ɗinke ƙasa. Ta kafa ƙungiyoyin sauraron rediyo a 1962, inda manoma ke jin shiri cikin harshensu su kuma mai da martani, ta buɗe yaƙi da jahilci cikin harsunan ƙasa, ta gwada koyarwa ta talabijin tun 1964, ta kafa SONARA domin cinikin gujiya, ta aza harsashin jami'ar Yamai a 1971, ta kuma ja hanyar da aka raɗa ma suna Hanyar Haɗin Kai zuwa gabas mai nisa. Bubu Hama ya ba da ƙarfinsa ga tattara tarihin baka da tsoffin rubuce-rubucen ajami da na Larabci.

Amma ƙofar da aka rufe ma adawa ta haifi abin da ake gudu. Ƴan Sawaba da ke waje suka koma ga makami, aka horar da samari a Gana da Aljeriya da Sin da Biyetnam ta Arewa, a ƙarshen 1964 kuma suka kutso ta iyakokin kudu da yamma da zaton talakawa za su tashi tare da su. Yunƙurin ya watse cikin makonni. Aka harbe wasu a bainar jama'a a Yamai a watan Oktoba 1964, a watan Afrilu 1965 kuma wani ɗan Sawaba ya jefa gurneti a filin idi ranar sallar layya da nufin kashe shugaban ƙasa, bai same shi ba. Abin da ya biyo baya shi ne kame-kame da azabtarwa da mutuwa a gidajen kaso, kuma garuruwan da aka sani da son raƙumi suka daɗe ana yi masu kallon marasa biyayya. A zaɓen 1965 da na 1970 Diori shi kaɗai ya tsaya, aka ce ya samu fiye da kashi 99 cikin 100.

Illar irin wannan shiru ta bayyana lokacin farin 1968 zuwa 1974. Dabbobi suka ƙare, gujiya ta faɗi, mutanen karkara suka kwararo bakin garuruwa, amma babu jarida mai zaman kanta ko ɗan majalisar adawa da zai tilasta ma hukuma ta dubi girman masifar, ko ya tambayi inda hatsin taimako ke shiga. Ɗalibai da malaman makaranta ne kaɗai suka ɗaga murya da yajin aiki. Ranar 15 ga Afrilu 1974, a daidai lokacin da Diori ke ja da Faransa a kan farashin yuraniyom da aka fara haƙowa a Arlit a 1971, soja suka kifar da shi, matarsa Aisa ta rasa ranta a wannan dare. Jam'iyyar da aka ce ta ƙunshi dukan ƙasa ba ta samu mai fitowa ya kare ta ba.

Zamanin soja

Laftanan-kanal Saini Kunce ya rushe majalisa, ya hana jam'iyyu, ya sallami sojojin Faransa, ya saki fursunonin siyasa, ya bar ƴan gudun hijira suka dawo, har da Jibo Bakari, wanda aka sake kamawa a 1975. Kuɗin yuraniyom na ƙarshen shekarun 1970 suka ba shi damar gina hanyoyi da makarantu da rumbunan tsimi, ya kuma yi suna wajen sa ido a kan dukiyar hukuma da zuwa ofisoshi ba sanarwa. A zamaninsa aka raya samariya, aka fara gasar kokowar gargajiya ta ƙasa a Tawa a 1975, aka shiga yin bikin matasa na ƙasa wanda ke zagaya manyan garuruwa. A waɗannan filaye ne dubban samari daga Difa da Doso da Agadas suka fara ganin juna ido da ido, kuma wannan riba ce da ba a musunta.

Kunce ya yi ƙoƙarin ƙirƙiro wata hanyar shigar da jama'a cikin mulki ba tare da jam'iyyu ba, wadda aka gina a kan samariya da ƙungiyoyin manoma, daga ƙauye har zuwa majalisar raya ƙasa, aka kuma amince da kundinta a zaɓen raba gardama na watan Yuni 1987. Sai dai shawara daga sama take saukowa, ƴan sandan ciki suna ko'ina, mutum ba ya faɗin ra'ayinsa sai ya waiga. Da kasuwar yuraniyom ta faɗi a farkon shekarun 1980, yunwar 1984 ta zo, wadda mutanen kudu suka raɗa ma suna El-Buhari saboda rufe iyakar Najeriya, bashi kuma ya kai ƙasar hannun masu ba da lamuni na duniya, sai tsarin ya rasa abin rabawa. Kunce ya rasu ranar 10 ga Nuwamba 1987. Janar Ali Shaibu ya sassauta, ya saki waɗanda ke tsare, amma ya koma ga tsohuwar dabara: ya kafa jam'iyya ɗaya, MNSD, a 1989.

Babban Taron Ƙasa

Ranar 9 ga Fabrairu 1990 jami'an tsaro suka buɗe wuta a kan ɗalibai a gadar Kennedy ta Yamai, uku suka mutu bisa ƙidayar hukuma. A watan Mayu na wannan shekara, bayan wani hari a Cintabaradan, soja suka yi ramuwa a kan Abzinawa fararen hula, abin da ya zama ɗaya daga cikin tushen tawayen arewa. Ƙungiyar ƙwadago ta USTN da ta ɗalibai ta USN suka tsai da ƙasa da yajin aiki, har hukuma ta yarda da jam'iyyu da yawa a watan Nuwamba 1990. Da aka kafa kwamitin shirya taron ƙasa da mace ɗaya tak a cikinsa, sai mata suka yi jerin gwano ranar 13 ga Mayu 1991 suka tilasta a ƙara masu kujeru, ranar da ta zama ranar matan Nijar.

Taron ya buɗe ranar 29 ga Yuli 1991 ya rufe ranar 3 ga Nuwamba, kwana 98, da wakilai kimanin 1,200, a ƙarƙashin jagorancin masanin tarihi Andre Salifu. Ya ayyana kansa a matsayin mai cikakken iko, ya rage ma shugaban ƙasa ƙarfi, ya naɗa Shaifu Amadu firaministan riƙon ƙwarya, ya kafa kwamitin binciken laifuffuka da cin amanar ƙasa. Karo na farko ke nan tun 1958 da ƴan Nijar suka yi gardama a fili a kan makomarsu, aka kira manyan hafsoshi da ministoci suka amsa tambayoyi, jama'a na saurare ta rediyo. Amma taron yana da nasa gurbi. Ƴan ƙwadago da ɗalibai da sababbin jam'iyyu, wato ƴan bokon birni, su ne suka riƙe akalarsa, da Faransanci aka yi mafi yawan muhawara, manoma da makiyaya kuwa, waɗanda su ne mafi yawan al'umma, muryarsu ba ta yi ƙarfi ba. Fushin da aka nuna ma soja a zauren ya bar ƙulli a zukatan hafsoshi, matsalar arewa kuma ba a warware ta ba.

Kundin tsarin mulki na 26 ga Disamba 1992 ya kwaikwayi na Faransa, mai shugaban ƙasa da firaminista masu raba iko. A 1993 Mahaman Usman, ɗan Damagaram, ya ci zagaye na biyu a kan Tanja Mamadu da goyon bayan ƙawancen AFC, ya zama shugaba na farko da ya hau ta zaɓen takara. Abin da ya haɗa ƙawancen shi ne ƙin MNSD, da aka zo rabon muƙamai sai ya tsage. Firaminista Mahamadu Isufu ya yi murabus a watan Satumba 1994, shekarar da aka karya darajar kuɗin sefa da rabi, ma'aikata na bin bashin albashi na watanni. Zaɓen Janairu 1995 ya ba ƴan adawa rinjaye, Hama Amadu ya zama firaminista, shi da shugaban ƙasa suka shekara suna ja a kan wanda ke da ikon naɗi da kiran taron ministoci. Ranar 27 ga Janairu 1996 Kanal Ibrahim Ba'are Mainasara ya kifar da su duka biyun, ya tsaya takara a watan Yuli, ya rushe hukumar zaɓe ana tsakiyar ƙidaya. Masu tsaronsa suka kashe shi ranar 9 ga Afrilu 1999.

Abin da ya biyo baya ya maimaita darasin. Tanja Mamadu ya ci zaɓen 1999 da na 2004, aka yi zaɓen ƙananan hukumomi 265 a 2004, sa'an nan ya nemi tazarce a 2009, ya rushe majalisa da kotun tsarin mulki, soja suka ɗauke shi ranar 18 ga Fabrairu 2010. A watan Afrilu 2021 Mahamadu Isufu ya miƙa mulki ga Mohamed Bazum, karo na farko da zaɓaɓɓe ya gaji zaɓaɓɓe, ranar 26 ga Yuli 2023 kuma soja suka kifar da Bazum a ƙarƙashin Janar Abdurahaman Ciyani, aka rushe jam'iyyun siyasa a 2025. Jamhuriya bakwai da juyin mulki biyar cikin shekara 63. A 1974 da 1996 da 2010 abu ɗaya ke dawowa: babu wata hukuma, kotu ce ko majalisa, wadda ɓangarori suka yarda ta raba masu gardama, sai bindiga ta zo ta raba.

Abin da ya riƙe ƙasar

Duk da wannan, Nijar ba ta tsage ba, ba ta kuma faɗa yaƙin basasa na ƙabila da ƙabila ba. Tawayen arewa na shekarun 1990 ya ƙare da yarjejeniyar 24 ga Afrilu 1995, wadda ta zama ranar haɗin kan ƙasa, aka ƙona makamai a Agadas a watan Satumba 2000, aka shigar da tsoffin ƴan tawaye cikin aikin hukuma, ko da yake wuta ta sake tashi daga 2007 zuwa 2009. Wani ɓangare na wannan juriya daga al'umma yake fitowa. Kasuwa ta daɗe da haɗa mai gishirin Bilma da mai hatsin Damargu, auratayya ta cakuɗa gidaje, addini ya tara mafi yawan jama'a a sahu ɗaya, wasan taubasantaka kuma, irin na Fulani da Arawa, ko Fulani da Barebari, ko Zabarmawa da Gobirawa, ya ba mutane hanyar faɗa ma juna magana mai ɗaci cikin dariya. Hukumar UNESCO ta sa wannan al'ada cikin gadon ɗan Adam a 2014.

Inda hukuma ta yi jinkiri shi ne harshe. Ƙasar da aka yi ta mulka da harshen da ƙalilan ke ji ba ta iya jin talakanta da kyau, shi ma ba ya iya karanta dokar da ake hukunta shi da ita. Taken ƙasa na farko ma, wanda aka ɗauka a 1961, Bafaranshe ne ya rubuta baitocinsa, sai a 2023 aka canza shi. Abdu Mumuni ya yi kira ga koyarwa cikin harsunan Afirka tun 1964, aka buɗe makarantar gwaji ta farko mai Hausa da Faransanci a Damagaram a 1973, dokar ilimi ta 1998 ta ba harsunan gida matsayi, dokar 2001 ta lissafa harsunan ƙasa 10, amma makarantun suka daɗe da sunan gwaji. Kundin 2025 ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi harsunan aiki. Amfanin wannan mataki ga haɗin kai ya dogara ga yadda mai jin Zabarmanci da Fulatanci da Tamajak da Barbarci da Tubanci zai ga nasa harshen yana da wuri a aji da kotu da asibiti, domin tarihin 1926 ya nuna yadda fifikon da hukuma ta ba wani yanki ke zama ƙorafin shekara ɗari.

Diori Hamani ya rasu a Maroko a 1989, Jibo Bakari ya rasu a Yamai a 1998. Filin jirgin saman Yamai yana ɗauke da sunan na farko, gadar Farye da ke kan kogin Isa tana ɗauke da sunan na biyu. Masana irin su Andre Salifu da Kimba Idrisa da Mamudu Jibo da Klaas van Walraven sun yi rubutu mai zurfi a kan waɗannan shekaru, sai dai da Faransanci da Ingilishi, harsunan da jikokin direbobi da ƴan kamashon 1958 da yawa ba su karantawa. Waɗanda suka jefa ƙuri'a a wancan zaɓe sun haura shekara 85, kaɗan suka rage a Tasawa da Magariya da Doso da Tawa, wasu na giwa, wasu na raƙumi. Ƙungiyoyin al'adu da malaman makaranta suna iya zuwa zaurukansu da na'urar ɗaukar magana, su rubuta abin da kowane ɓangare ya gani cikin harshen da ya faɗe shi, su kai shi aji domin ɗalibai su karanta shaidu biyu masu saɓani a kan rana ɗaya, su auna su, su yi gardama a kai, sa'an nan su fita tare zuwa filin wasa.